Wai Fim Ɗaya Ya Yi Sau 48: Raddi Ga Masu Raina Kiyoshi Atsumi

Akwai wata magana da ta daɗe tana yi mana ƙaiƙayi a kunne, kuma tun da ta ƙi mutuwa, mun ga ya kamata mu fito fili mu tanka mata. Duk lokacin da hira ta biyo ta kan finafinan ƙasar Japan a tsakanin 'yan'uwa marubuta da manazarta, sunaye biyu kawai ake jerawa, wato darakta Akira Kurosawa da ɗan wasansa Toshiro Mifune. Idan wani ya yi ƙarfin hali ya ambaci Kiyoshi Atsumi, sai a taɓe baki, a ce ai wannan mutum ne da ya yi fim ɗaya tak, sa'an nan ya yi ta maimaita shi har sau 48, sai da mutuwa ta zo ta raba shi da abin. Mun ji wannan magana a bakin wani ɗan'uwa a wani zaman karatu, ya faɗe ta yana murmushin wanda ya gama kafa hujja, aka yi dariya aka wuce. Da aka tashi muka tambaye shi guda nawa ya kalla cikin 48 ɗin. Ya ce rabin ɗaya, kuma wai wannan ya ishe shi.

To mu bai ishe mu ba. Maganar ma ba tasa ba ce, aro ta ya yi daga masu sharhin finafinai na Turai da Amurka, da kuma wasu 'yan bokon Japan ɗin kansu waɗanda suka daɗe suna jin kunyar abin da talakawan ƙasarsu ke so. A ganinmu hukunci ne na zalunci, kuma ya shafe mu a matsayinmu na masu ƙaga labari, domin kuwa laifin da ake tuhumar Atsumi da shi, wato maimaici, kowane marubuci zai yi karo da shi ranar da ya zauna rubuta littafinsa na biyu.

Bari mu fara da mutumin, tun da masu raina shi ba su damu su san shi ba. An haife shi a birnin Tokiyo ranar 10 ga Maris 1928, kuma sunan da iyayensa suka raɗa masa shi ne Yasuo Tadokoro. Bai shiga wata makarantar koyon wasan kwaikwayo ba. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu ya yi ta bin ƙananan ƙungiyoyin wasa, har cikin 1951 ya sami gurbi a unguwar Asakusa, a irin gidajen nan da mata ke rawar tuɓe tufafi. Aikinsa shi ne ya fito tsakanin rawa da rawa ya ba da dariya. Mai karatu ya auna wannan da kyau. Mutanen da ke zaune a gabansa ba dominsa suka biya kuɗi ba, hasali ma Allah-Allah suke ya sauka. Duk wanda ya iya riƙe irin waɗannan 'yan kallo da fatar baki kawai, har su manta abin da ya kawo su, to ya yi karatun da babu jami'ar da ke koyar da shi. Cikin 1953 ya koma wani gidan mai suna France-za, inda marubuci Hisashi Inoue ya yi aiki yana saurayi, kuma inda Takeshi Kitano ya soma tasa sana'ar daga baya.

Shekara ɗaya da komawarsa can sai tarin fuka ya kayar da shi. Likitoci suka cire masa huhun dama, ya yi kusan shekara biyu yana jinya. Daga nan ya bar giya da taba. Saboda haka duk surutun da za mu yi magana a kansa nan gaba, duk ihun talla da rigima da dogon zance ba numfashi, da huhu ɗaya aka yi su.

Da ya warke sai talabijin ta ɗauke shi. Daga 1961 jama'ar Japan suka san fuskarsa a shirin nishaɗi na tashar NHK mai suna Yume de Aimasho. Cikin 1963 darakta Yoshitaro Nomura ya ba shi jagorancin fim ɗin Haikei Tenno Heika-sama, inda ya fito a wani maraya da bai iya karatu ba, wanda aikin soja ya zame masa aljannar duniya saboda a can ne kawai yake samun abinci sau uku a rana, har ya ɗauki alƙalami da kyar zai rubuta wa Sarkin Japan takardar roƙon kada a sallame shi. Cikin 1965 kuma Susumu Hani ya tafi da shi Gabashin Afirka aka yi Bwana Toshi no Uta, labarin wani Bajapane da aka tura ya gina wa masu bincike gida a karkara, yana fama da rashin harshe da kuma saurin fushinsa. Mun kawo waɗannan ne domin a san cewa kafin ya cika shekara 40 ya riga ya nuna yana iya shiga riguna iri-iri. Wanda ya ce rawa ɗaya ya iya, to bai zo da wuri ba ne.

Yanzu sai mu zo kan abin da ake ƙorafi. Cikin Oktoba 1968 tashar Fuji ta soma nuna wani wasa mai kashi 26, Otoko wa Tsurai yo, wanda za mu iya fassarawa da "Zama Namiji Akwai Wuya". Yoji Yamada ne ya tsara labarin, amma shi da kansa ya sha faɗa cewa daga bakin Atsumi ya samo jarumin, lokacin da suka zauna hira Atsumi ya dinga kwaikwayon kirarin 'yan tallan da ya sani tun yana yaro. Sunan jarumin Torajiro Kuruma, ana ce masa Tora. A kashi na ƙarshe, cikin Maris 1969, Yamada ya tura shi tsibirin Amami Oshima farautar wani maciji dangin kububuwa da ake kira habu, macijin ya sare shi, ya mutu. Ai kuwa sai wayar tashar ta ɗauki ƙara, 'yan kallo suna zazzaga masifa a kan wanda ya ba marubuci izinin kashe musu mutum. Wannan fushin ne ya sa Yamada ya matsa wa kamfanin Shochiku lamba har aka dawo da Tora a fim ɗin sinima cikin Agusta 1969. Daga nan ba a tsaya ba sai Disamba 1995, finafinai 48, galibi biyu a shekara, ɗaya a hutun tsakiyar shekara ɗaya a na sabuwar shekara. Yamada ya sa hannu a rubutun dukkansu, ya kuma ba da umarni a duka in ban da na 3 da na 4.

Ba za mu yi musu da masu suka a kan ƙashin labarin ba, domin gaskiyarsu ce, iri ɗaya ne. Tora ɗan koli ne mai bin bukukuwa gari-gari, da hularsa, da kwat a saɓe a kafaɗa, da ɗamarar ulu a ciki, da laya a wuya, da tsohon akwatinsa. Zai dawo unguwarsu ta Shibamata a gefen Tokiyo, inda baffansa da matarsa ke da shagon sayar da dunƙulen garin shinkafa a tsinke. Za a yi murna, kafin dare ya yi an yi faɗa, ya ɗauki akwati ya fita, ƙanwarsa Sakura, wadda suke uba ɗaya, ta bi shi tana ba shi haƙuri. A hanya zai gamu da wata mace, zuciyarsa ta kamu, abin ya lalace, ya sake kama hanya. Shi ke nan.

To amma a nan ne masu suka suka tsaya, mu kuwa a nan muke ganin zancen ya fara. Tun da kowa a cikin sinimar ya san yadda za a ƙare, marubuci da ɗan wasa sun rasa sandar da yawancinmu muke dogarawa, wato sa mai karatu zullumin me zai faru. Babu wannan. Nauyin duka ya koma kan yadda abin zai faru, da yadda fuskar mutum ɗaya za ta ɗauke shi. Duk wanda yake zaton wannan sauƙi ne, ya gwada ba yaransa labarin da suka riga suka haddace, ya ga ko za su zauna.

Ga misali daga fim na 15, na shekarar 1975. An kawo wa Tora tsarabar wani ɗan itace dangin kankana, mai tsadar gaske a Japan, irin wanda talaka kan yi shekara bai ɗanɗana ba. An ajiye shi ya nuna. Ranar da aka tashi sha Tora ya fita, ga kuma baƙuwa a gidan, wata mawaƙiyar gidajen shaƙatawa mai suna Lily. Aka yanka daidai yawan waɗanda ke zaune, kowa ya kai baki, sai ga Tora ya shigo. An manta da shi a lissafi. Kowa ya shiga tura masa nasa yankin, shi kuwa ya ƙi, ya zauna yana ta mita kamar ƙaramin yaro, har sai da Lily ta gaji ta wanke shi tas a gaban danginsa. Mutanen Japan suna dariyar wannan wuri har hawaye. Amma a sake kallo a dubi ƙananan idanun nan na Atsumi a cikin faffaɗar fuskarsa mai kusurwa huɗu. Mutumin nan ya bar gida yana yaro bayan faɗa da ubansa, ya yi shekara 20 bai dawo ba, uwarsa ma ba matar gidan ba ce, kuma tsoron da ke cin sa kullum shi ne a gidan nan ba a ƙirga da shi. Yau ga shi ya gani da idonsa a kan faranti. Atsumi bai faɗi ko ɗaya daga cikin waɗannan ba, bai yi kuka ba, bai daina ba da dariya ba ko na daƙiƙa ɗaya, amma duk yana nan a fuskar. Muna so a nuna mana inda ake koyar da wannan.

Sa'an nan wannan rashin nasara a soyayya da ake cewa iri ɗaya ne, ƙarya ce, ba iri ɗaya ba ne. A finafinan farko matan ba su ma san yana yi ba, da ma suna da wanda suke so, shi ne dai ya yi ta gina gida a iska. A fim na 10, cikin 1972, abin ya juye. Ya je wa wani malamin jami'a neman auren wata ƙawarsa ta ƙuruciya, wadda Kaoru Yachigusa ta fito a matsayinta, ita kuwa ta ɗauka kansa yake nema wa, ta amsa da farin ciki. Da ya gane sai ƙafafunsa suka kasa ɗaukarsa, ya mayar da zancen wasa. A fim na 15 da muka ambata, Sakura ta tambayi Lily ko za ta auri yayanta, Lily ta ce za ta aure shi, Tora ya shigo ya ji, ya ce ai wasa take yi ko, ita kuma ta dube shi ta ce e wasa ne, ta tashi ta tafi. A na 18, cikin 1976, matar mutuwa ta yi. Idan aka jera su sai a ga wani abu da ba ya ganuwa a fim ɗaya, balle a rabin ɗaya: mutumin da muka ɗauka ƙin sa ake yi, ashe shi ne ke gudu, domin ya san rayuwar da yake yi ba ta ɗaukar mace, kuma ya fi tsoron a amsa masa fiye da a ƙi shi. Yamada da Atsumi sun ɗauki shekaru suna tono wannan a hankali. Ruriko Asaoka ta dawo a matsayin Lily har sau huɗu, a 1973 da 1975 da 1980 da 1995, kuma kowace dawowa ta tarar da su biyun sun ƙara tsufa, abin da ba su faɗa wa juna ba ya ƙara nauyi.

Akwai kuma wani abu da ya kamata masu sha'awar rubutu su lura da shi. A kusan kowane fim akwai wurin da Tora zai zauna a tsakar ɗaki, dangi sun kewaye shi, ya shiga ba da labarin abin da ya gani a tafiya ko abin da yake mafarki. Kamara ba ta zuwa ko'ina, tana kan fuskarsa. A fim na 15 ya raka Lily wani ƙuntataccen gidan shaƙatawa inda za ta yi waƙa, abin ya dame shi, ya dawo gida ya zauna yana kwatanta musu yadda da yana da kuɗi zai kama mata babban zaure, yadda labule zai buɗe, yadda fitila za ta sauka a kanta, yadda jama'a za su yi tsit. Ba a nuna zauren ba, amma duk wanda ya kalla zai rantse ya gan shi. Wannan aikinmu ne, mu masu alƙalami, shi kuwa ya yi shi da baki.

Wani abin da maimaicin ya haifar, wanda ba a iya samu ta wata hanya, shi ne lokaci. Mutanen nan sun tsufa a gaban 'yan kallo. Chieko Baisho ta soma fitowa a Sakura tana budurwa, ta gama tana uwar saurayi. An haifi ɗanta Mitsuo a ƙarshen fim na farko, a fim na 48 kuwa shi ne ya je ya tare motar amaryar da yake so. Wanda ya fara fitowa a baffa, Shin Morikawa, ya rasu cikin 1972, wasu biyu suka gaje shi bi da bi. Ƙasar ma ta sauya a bayansu, domin an ɗauki finafinan a larduna 44 cikin 47 na Japan, da jiragen ƙasa masu hayaƙi da suka ɓace daga baya, da ƙauyukan da matasa suka watse suka bar wa tsofaffi, da ƙananan kasuwannin bukukuwa da manyan kantuna suka cinye. Fim na ƙarshe ya rufe ne a unguwar Nagata ta birnin Kobe, a cikin ɓaraguzan girgizar ƙasar 17 ga Janairu 1995 wadda ta kashe fiye da mutum 6,000. Wanda ke son sanin yadda talakan Japan ya yi sutura, ya yi magana, ya ci abinci tsakanin 1969 da 1995, ga shi nan an ajiye masa shekara bi shekara.

Hujja ta biyu ta masu raini ita ce lambobin yabo. Suna cewa fim ɗin Rashomon na Kurosawa ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Benis a ƙasar Italiya cikin 1951, Mifune kuma ya ci kyautar gwarzon ɗan wasa a can har sau biyu, a 1961 da 1965, to shi Atsumi me Turai ta ba shi? Ba mu da ja a kan girman Mifune, wanda ya yi finafinai 16 da Kurosawa, kuma ba mu zo rage masa komai ba. Abin da muke tambaya shi ne me ya sa nasa aikin ya ƙetare teku cikin sauƙi. Takobi da doki da tsawa ba su bukatar tafinta. Gwanintar Atsumi kuwa a harshe take, a karin maganar tsofaffin unguwannin talakawan Tokiyo, da wasa da kalmomi, da kirarin talla mai amsa-amo wanda ma'anarsa rabi ce, daɗin faɗarsa rabi. Idan aka matse wannan a layi biyu na fassara a ƙasan allo sai ya mutu murus. Mu da muke rubutu da Hausa mun san abin da ke samun habaici da zambo idan aka juya su zuwa Ingilishi. Saboda haka alƙalin da bai ji harshen ba ya ce bai ga komai ba, mu kuma muka ɗauki rashin jinsa muka mayar da shi hukunci.

Abin dariyar ma shi ne su waɗanda ake kafa hujja da su ba su raina Tora ba. Uku daga cikin manyan 'yan wasan Rashomon sun zo gidansa. Takashi Shimura ya fito tun a fim na farko a matsayin surukin Sakura, ya kuma sake dawowa. Machiko Kyo ita ce matar da ta mutu a fim na 18. Shi kansa Mifune ya fito a na 38, cikin 1987, a matsayin wani tsohon likitan dabbobi mai taurin kai a yankin Shiretoko na tsibirin Hokkaido, wanda ya kasa buɗe baki ya gaya wa wata mata yana son ta, sai da Tora, sarkin marasa sa'a, ya ingiza shi. Chishu Ryu kuma, wanda manazartan Turai ke girmamawa saboda finafinan Yasujiro Ozu, shi ne malamin ɗakin ibadar unguwar tun daga fim na farko har zuwa 1992, shekara ɗaya kafin rasuwarsa. Su sun san abin da suke gani.

Kada kuma a manta da zancen kuɗi, ko da yake mun san wasu 'yan'uwa suna jin ƙyamar a haɗa shi da fasaha. Cikin 1958 an sayar da tikitin sinima fiye da biliyan 1 a Japan. Talabijin ta shigo, kafin 1972 adadin ya faɗo ƙasa da miliyan 200. Kamfanin Daiei, wanda ya yi Rashomon, ya karye cikin 1971, a shekarar kuma Nikkatsu ya koma yin finafinan batsa domin ya tsira. Kurosawa da kansa sai da ya nemi kuɗi a waje: Tarayyar Sobiyet ce ta ɗauki nauyin Dersu Uzala na 1975, George Lucas da Francis Coppola suka sa baki aka kammala Kagemusha na 1980, wani furodusa na Faransa ya tsaya wa Ran na 1985. A wannan fari ne Tora ya riƙa cika sinima, har jimillar masu kallonsa ta kai kusan miliyan 80, ya riƙe Shochiku da ma'aikatan ɗakin shirya finafinansa na Ofuna. A ƙarƙashin wannan inuwar Yamada ya sami damar yin sauran finafinansa da masu sharhi ke yabo, ciki har da na 1977 mai labarin ƙyallaye masu ruwan ɗorawa, wanda ya ci kyautar fim mafi kyau a karon farko da aka raba kyaututtukan makarantar finafinai ta Japan. Ana cin 'ya'yan, ana zagin bishiyar.

Duk da haka ba za mu yi abin da muke zargin wasu da shi ba, mu ɓoye abin da bai yi mana daɗi ba. An yi asara. Cikin 1972 Atsumi ya sa kamfaninsa ya yi Aa Koe Naki Tomo tare da darakta Tadashi Imai, labarin sojan da ya tsira shi kaɗai, ya ƙarar da rayuwarsa yana raba wasiƙun abokansa da suka mutu a yaƙi. Cikin 1977 ya fito a ɗan binciken nan Kindaichi a Yatsuhaka-mura. Bayan wannan, in ka ɗebe ƙananan fitowa nan da can, yawanci a finafinan Yamada, Tora ya cinye shi. Akwai mutane da yawa da Atsumi zai iya zama waɗanda ba mu gani ba, kuma ba za mu taɓa gani ba. Haka nan cikin 48 ɗin akwai raunana, waɗanda kana kallo ka san lokacin biki ne ya matso ba labari ne ya nuna ba. Akwai kuma gaskiya a zargin cewa unguwar Shibamata ta fim ta fi ta zahiri zaƙi.

Mafi ɗaci shi ne ƙarshen. Cikin 1991 aka gano yana da sankarar hanta, cikin 1994 ta haura huhun da ya rage masa. Tun 1990 an riga an koma fim ɗaya a shekara, an kuma karkatar da labarin zuwa soyayyar Mitsuo domin a rage masa nauyi. Wanda ya kalli finafinan ƙarshe zai ga mutumin da ke cika titi da murya ya koma yawanci a zaune, muryar ta yi siriri. Kuma duk da haka ana shirin na 49 a lardin Kochi lokacin da ya rasu. Idan akwai tuhuma a wannan tarihi, to a nan take, kuma ba Atsumi ne ya kamata ya amsa ta ba. Yamada ma bai kauce mata ba, domin a jawabinsa na bankwana ya nemi afuwar mamacin a gaban jama'a saboda wahalar da ya daɗe yana ba shi. Amma a lura, cewa an yi wa mutum aiki fiye da ƙarfinsa daban, cewa aikin nasa banza ne daban. Masu raini sukan cakuɗa biyun domin tausayin na farko ya rufa wa na biyu asiri.

Kuma kada a ɗauka rago ne aka ja da igiya. Mutumin nan ya san abin da yake yi, har ya tsara rayuwarsa a kansa. Ya ɓoye iyalinsa da gidansa, har abokan aikin da suka yi shekaru da shi ba su san ƙofarsa ba. Yana rubuta gajerun waƙoƙin nan na Japan da ake kira haiku da sunan aro, Futen, kuma yawancin jama'a ba su sani ba sai bayan ransa. Ya ɓoye ciwonsa. Da ya rasu ranar 4 ga Agusta 1996 yana da shekara 68, iyalinsa kaɗai suka yi masa jana'iza bisa wasiyyarsa, sai bayan kwana uku duniya ta ji. Mun fahimci wannan da cewa ya ga mutane sun ba Tora amana, bai so Yasuo Tadokoro ya shiga tsakani ya ɓata musu. Mu da muka ga yadda sunan Samanja ya rufe na Usman Baba Pategi ba baƙin irin wannan ba ne, kuma ba mu taɓa jin wanda ya ce Pategi ya yi asarar rayuwarsa ba.

Ranar 13 ga watan aka yi taron bankwana a Ofuna, mutane wajen 35,000 suka yi layi cikin zafin rana. Cikin Satumba gwamnatin Firayim Minista Ryutaro Hashimoto ta ba shi lambar girmamawa ta al'umma, shekara biyu kafin a ba Kurosawa irinta. Cikin 1999 aka kafa mutum-mutuminsa a bakin tashar jirgin ƙasa ta Shibamata, da akwati a hannu, ya waiwayo. Cikin 2000 aka rufe Ofuna, shekara huɗu kacal bayan tafiyar wanda ke riƙe da shi. Cikin 2019 kuma Yamada, yana da shekara 88, ya haɗa fim na 50 da tsofaffin hotunan Atsumi, inda Mitsuo ya girma ya zama marubucin littattafai, yana ta tuna kawun nasa da bai yi boko ba.

Ba mu ce dole kowa ya so waɗannan finafinai ba. Abin da muka ƙi shi ne a yanke wa aikin shekara 27 hukunci da rabin fim da kuma ra'ayin aro. Saboda haka muna kira ga ɗan'uwan nan namu, da duk mai ra'ayi irin nasa, ya nemi na 1 da na 10 da na 15 da na 48 ya kalle su a jere, ba tsallake. Idan ya gama yana nan a kan bakansa cewa fim ɗaya ne, to ya ɗauki alƙalami ya nuna mana wurin da fuskar Atsumi ta 1969 ta yi daidai da ta 1995. Mun tabbata edita ba zai hana shi fili a fitowa ta gaba ba, mu kuma muna nan muna jira.